Atika Mai Tafireta da Ƙarin Girman da Ya Ƙi Zuwa

A bankin gamayyar manoma na Gadarif, in ka ji ƙara kamar ruwan Agusta a kan rufin kwano, to Atika ce ta zauna gaban tafiretarta. Jikar wani maniyyaci ce da ya taso daga Katagum, ya yi zango a nan don ya noma riɗi damina ɗaya, daminar ta zama arba'in. Ta yi makarantar 'yan mata, ta koyi buga Larabci da yatsu goma, banki ya ɗauke ta a 1976.

Shekara tara tana mataki ɗaya. Duk ƙarshen shekara mudir, wato manajan bankin, Ustaz Kassim, zai miƙo mata sunayen waɗanda aka ƙara wa girma ya ce, "Ya Atika, kwafi uku." Ta buga sunan kowa, har waɗanda ita ta nuna musu inda ake ajiye fayil. Nata ko da kuskure bai taɓa faɗowa ba.

Mijinta Gado, tela a kasuwa, shi ya fara tsokanarta. "Ludayi a hannunki kina kwana da yunwa? Ki ƙara layi ɗaya mana, wa zai lura?"

"Baban Huseina, in na ƙara, takardar korata ma ni zan buga."

Ba ta ƙara layi ba. Amma littafin ƙa'idojin ma'aikata ita ta buga shi, ta san a shafi na goma sha huɗu an ce wanda ya shekara biyar a mataki ɗaya ba takardar gargaɗi, haƙƙinsa ne a duba shi. Sai ta rubuta koke zuwa kwamitin gamayya.

Ustaz Kassim ba mugu ba ne, mutum ne mai son zaman lafiya da shayi mai zaƙi. Kwamiti ya nemi amsarsa a rubuce, ga shi duk bankin babu mai bugawa sai ita. Dole ya tsaya a kanta yana faɗa.

"Ma'aikaciyar da ake magana a kanta…"

"Ni ke nan, Ustaz?"

"Ke ke nan. Rubuta: ba ta ƙware a harshen wasiƙun ofis ba."

Ta buga tsaf yadda ya faɗa, sannan ta ɗago kai. "Akwai kuskuren nahawu biyu a jimlar nan. In gyara, ko in bar su?"

Ya daɗe yana kallon fankar sama. "Cire jimlar gaba ɗaya," ya ce.

Ranar zama, 'yan kwamiti mutum biyar suka hallara. Shugabansu Alhaji Maliki ne, tsohon manomi daga Hawata wanda bai yi boko ba, amma ba a yi masa kwana-kwana. Aka karanta masa takardun biyu, ya ture su gefe, ya dubi Ustaz Kassim.

"Ɗana, aikinta ba kyau?"

"Da kyau, Alhaji."

"Tana makara?"

"Wani lokaci ita ke jiran mai gadi ya buɗe."

"To mene ne?"

Ustaz Kassim ya gyara rawani, ya sake gyarawa. Can ya ce a hankali, "Gaskiya, Alhaji, in na ɗaga ta, wa zai yi mana bugu?"

 Shekara tara Atika tana zargin kanta, tana cewa ko wata takardar shaida ce ba ta da ita. Ta gyara mayafi ta ce, "Baba Alhaji, ashe laifina iya aiki. Da na sani, da tun farko da yatsa ɗaya nake bugawa."

Alhaji Maliki ya yi dariya har da tari. Aka yanke cewa ta zama shugabar sashen wasiƙu, a ɗauki sabuwar mai bugu ta koya mata. Shekarun da suka wuce kuwa aka ce ta yi haƙuri, ta ce ta ji, amma ba ta ce ta yafe ba.

Saura takardar ƙarin girman. Atika ta ce bai dace mutum ya buga tasa da hannunsa ba. Ustaz Kassim ya naɗe hannun jallabiya, ya zauna da yatsu biyu tun hantsi har azahar, yana neman kowane harafi kamar mai tsintar tsakuwa a shinkafa. Ma'aikata suka riƙa ƙirƙiro dalilin wucewa ta ƙofar. Da ya gama, shi da kansa ya aika aka kawo wa kowa shayi.

Ta ƙara shekara goma sha shida a bankin, ta horar da 'yan mata bakwai, huɗu daga cikinsu sun wuce ta mataki, kuma ita ta matsa aka ɗaga su. Da aka kawo kwamfuta ta duba ta kwana biyu, ta ce abin nan ba shi da murya, ta ajiye aiki ta koma gida renon jikoki.