Huɗar Malamin Lissafi

Shekarar da ta biyo bayan babban farin nan na shekarun saba'in mahaifinmu ya rasu, ya bar mana gona ɗaya a ƙauyenmu, can bayan Bunguɗu. Ni ina koyarwa a Gusau, ƙannena mata ne, aure ya kai su nesa, saura Inna ita kaɗai a gida. Damina guda ta wuce ba a taɓa gonar ba. A wajenmu kuwa, gonar da aka bari ta yi saura mai gari na iya miƙa wa wanda zai noma ta. Wani ɗan kasuwa daga Tsafe har ya fara zagaya ta, hannu a baya, kamar mai taya akuya.

A makarantarmu akwai wani Ba'indiye mai koyar da lissafi, siriri, kujerarsa kusa da tawa a ɗakin malamai. Ba ya cin nama, ba ya ɗaga murya, amma ka ambaci gona, to ka taro wa kanka. Ya sha ba ni labarin ƙauyensu. Ubansa gonar wani mai ƙasa yake nomawa, in an girbe mai ƙasa ya kwashi rabi yana zaune a inuwa. Wata shekara manoma suka haɗa kai, suka ɗaga jar tuta, suka ce mai gumi shi ke da babban kaso, suka kai amfanin gidajensu. Aka turo 'yan sanda. Ubansa ya sha ɗauri, kafin ya fito an ba wani gonar.

Da na gaya masa damuwata sai ya miƙe tsaye. Wai a tara talakawa, a ɗinka tuta, a yi jawabi. Na ɗora shi a babur muka tafi wajen Inna, yana bayani ina fassara.

Inna ta saurare shi har ƙarshe, ta ce, "Tuta mi za ta yi muna? Hwaɗa mishi gayya za ni kira ran Assabat. In shina son taimako, ga galma nan."

Ta daka fura, ta aika wa makaɗi goro. Ranar Asabar da hantsi gonar ta cika da maza, kowa da garmarsa. Abokina ya tuɓe takalmi, ya naɗe wando, ya shiga layi. Makaɗi ya ga banza ta faɗi, ya bi shi da ganga yana yi masa kirari da mai alli. Mutumin da ke zana miƙaƙƙen layi a allo ba tare da ya duba ba, sai ga kunyar da yake huɗawa ta lanƙwashe ta nufi gindin kaɗanya. Na kusa da shi suna dariya suna bin lanƙwasar, don ba yadda za su yi. Tafin hannunsa ya fashe, na ce ya huta, ya harare ni. Ana cikin haka ɗan kasuwar nan ya iso, ya tsaya a bakin gona, ya ce sannunku da aiki. Ba mu sake ganinsa ba.

Da aka zauna shan fura sai na ga abokina ya juya baya, kafaɗunsa na rawa. Na matsa. Ya ce, "Mu ma da kiɗan ganga muka shiga gona ranar da aka ɗaga jar tutar nan. Babana ne a gaba."

Inna ta tambayi abin da ya faru, na gaya mata. Ta daɗe tana kallon hannunsa, sannan ta ce, "Hwaɗa mishi kunyar ga tashi ce. Ubanai ya samu gona."

Kaka biyu ina kai masa geron kunyarsa Gusau, matarsa na gasa masa wata irin gurasa da shi. Daga nan wa'adin aikinsa ya ƙare, na raka su tasha. Ban sake jin ɗuriyarsa ba. Ina kewarsa, wallahi, har yau, kewar da ban yi wa wasu 'yan'uwana na jini ba.

Mai huɗa a kwarin tsohuwar kunya yake tayar da sabuwa, saboda haka ta bana kan gaji siffar ta bara. Inna ta hana a gyara, har ta koma ga Mahaliccinta. Duk damina in na je nakan tsaya a gindin kaɗanya in ga lanƙwasar tana nan inda ya bar ta, gero na bin ta.

Bara 'ya'yana suka ce a kawo tarakta, aikin yini ɗaya ne, ta baje komai ta miƙe layi. Gaskiya suka faɗa. Na ce su bari sai bayan raina.