Malama Talatu da Baƙon Wata

Innalillahi wa inna ilaihi raji'un. Da safen nan ina tsaka da damun koko waya ta yi ƙara, wai Malama Talatu ta rasu.

Ita ta koyar da mu a firamare a Kausani, shekarun da kuɗin fetur suka fara yawo, kowane saurayi ya yi babur da rediyo.

Ni 'yar fari ce. Inna ko sunana ba ta kamawa, balle ta zaunar da ni zancen balaga.

Rannan Malama ta kora maza waje, ta ce, "Duk wadda baƙonta ya zo, kada ta tsorata, ta same ni."

Ranar Alhamis Kawu Sale ya sauka gidanmu daga Kano, zai ci kasuwar Wudil. Washegari na ruga na ce wa Malama baƙona ya zo.

Ta ja ni gefe. "Akwai ciwon mara?"

"A'a, shi dai bayansa ya ce yana ciwo, babur ya jijjiga shi."

Ta yi dariya har da hawaye. Ku ma ku yi, na yafe.

Daga ranar ta daina kwana-kwana. Ta kira abin da sunansa, jinin al'ada, ta koya mana tsafta da wanka, ta ce ba cuta ba ce, ba kuma laifi ba ne. Da na gaskiyar ya zo, ban yi kuka ba. 'Yar maƙwabtanmu kwana biyu tana ɓoyewa, ta ɗauka mutuwa za ta yi.

Malama takan ce, "Saurayin da ya ba ki hoda ya ce kada kowa ya sani, shi za ki fara kai ƙara."

Da ƙaramar sallar da ta wuce na je gaishe ta. Ido ya tafi, amma ta gane muryata.

"Indo mai baƙo. Kin yi wa jikarki bayani?"

Na ce ai uwarta na nan.

"Uwarta kunya, ke wasa. Waya kuka bar wa aikin ke nan?"

Na share zancen da dariya. Yarinya ta shiga sha biyu, har yau ban yi ba. In na dawo daga gaisuwa, ni da ja'irar ne.

Allah ya jiƙan Malama, ya haskaka kabarinta, ya sa Aljanna ce makoma. Duk wanda ya karanta ya yi mata Ƙulhuwallahu ƙafa uku. Ni kuma ku roƙa mini Allah ya buɗe bakina yau.