Gleb da Furen Gawa

Gleb ɗan Rasha ne da ke haya a ɗakina na sama a Berisso. Ƙirji kamar ƙofar gareji, kai ɗan mitsitsi. Na sha gaya masa duk abincin da yake ci a damtse yake tsayawa, ba ya ƙarasawa sama.

Neman mutum ɗaya ne ya kawo shi nan Ajantina: Kawu Zhora, wanda 'yan ɗaga ƙarfen garinsu ke rantsuwa ya taɓa ɗaga ƙarfen layin dogo shi kaɗai, sannan ya ɓace. Burin Gleb ya koya a hannunsa. Kullum yana duƙe kan waya yana rubuta shirme, wai "tsohon ɗan Rasha mai ƙaton wuya". Wani ya ce ya gan shi a Paraguay yana sayar da kifi, wani ya ce ai ya zama limamin coci.

Ran nan ya sauko ido jajur, ya miƙo min wayar. Hoton Zhora ne jingine a kantar wani gidan burodi a Ensenada, garin da ke kusa da mu, gabansa kofi an rufe da yankan burodi.

"Doña Nélida, ya rasu."

"Ina aka rubuta?"

"Ba sai an rubuta ba. Haka muke ajiye wa mamaci kofi a Rasha."

Ya sayo fure biyu. Na ce, "Marowaci, biyu kacal?" Ya ce mai rai ake kai wa ɗaya ko uku, biyu na gawa ne. Na yafa gyale na bi shi, don ba a barina a baya wajen kallo.

Muna shiga sai ga tsoho mai ƙaton wuya yana auna fulawa. Ya dubi furen biyu, ya dafe kantar shagon.

"Elvira! Me likita ya gaya miki kika ɓoye min?"

Matarsa ta leƙo. Kofin dai nata ne, ƙudaje take karewa.

Gleb ya durƙusa yana roƙon a koya masa ɗaga layin dogo.

"Tashi, ɗana. Wancan Zhoran daban ne, na bayan layinmu. Ni rigarsa kawai na riƙe masa ranar da ya ɗaga."

"To yana ina?"

"An ce Chile. Ko Peru ne, Elvira?"

A mota Gleb ya zaro waya, ya tambaye ni yadda ake rubuta Valparaíso, wani gari a Chile.