Littattafan Ƙwarin Lu'ulu'u da Ƙanena Ya Ƙona

Sana'ata gyaran agogo ce, a wani ɗan shago a unguwar Alabar, cikin Kumasi. Wanda ya yini yana leƙa cikin agogo da madubi a ido ɗaya, dole ƙananan abubuwa su yi masa girma. A nan ƙwarin suka fara zo mini a rai.

Na ƙaga musu wata duniya mai rana biyu, nesa da tamu. Jikinsu lu'ulu'u ne, ana ganin cikinsu tas. Ba su da murya. Idan ɗaya zai yi magana sai ya karkata fiffikensa, haske ya ratsa shi ya faɗa kan ɗan'uwansa da launi. Ba sa iya ƙarya, domin nufin zuciya yana fitowa a launin tun kafin a gama magana. Suna da alƙalai da magina. Wanda ya mutu a cikinsu, a ganuwar gari ake kafa shi, don hasken safe ya bi ta jikinsa kafin ya isa ga masu rai. Ban taɓa jin na yi saɓo ba. Allah Ubangijin talikai ne, ba na Kumasi kaɗai ba.

Da ajami na rubuta labarinsu, da shi hannuna ya saba tun ƙuruciya. Littafi uku na cika, cikin shekaru masu yawa, ina zana siffarsu da taswirar garuruwansu a gefen shafi.

Ranar da aka yi sunan jikata a Buokrom, ruwa ya yi yoyo a ɗakina. Ƙanena, wanda muke gida ɗaya da shi, ya shiga kwashe kaya, ya ci karo da littattafan. Yana karanta Larabci, amma bai taɓa koyon ajami ba. Ya ga baƙaƙen Larabci da ba su ba shi ma'ana ba, ga zanen ƙwari, ga gidaje-gidaje kamar hatimi. Nan take ya yanke cewa sihiri ne.

Da na dawo bayan la'asar, na tarar da toka a tsakar gida, matan gidan haya suna ta kallona a kaikaice. Biyu sun ƙone. Na ukun yana hammatarsa, wai hujja ce da zai kai wa liman.

"Yaya, ceton ka na yi," in ji shi.

Na tambaye shi ko wayata ta mutu ne da bai kira ni ba. Ya ce ai mai irin wannan aiki ba ya amsa laifinsa. Shekara nawa muna sahu ɗaya da shi, ni na koya masa alwala, amma zanen ƙwaro ya ishe shi shaida a kaina. Na ce ya ba ni littafina. Ya ƙi. Na ce to mu tafi.

Liman dattijo ne, ya yi zamani da ajami. Ya sa tabarau, ya buɗe tsakiyar littafin, ya karanta a bayyane inda wata ƙwaruwa ta kai ƙarar maƙwabciyarta don ta tare mata hasken rana. Ya juya shafi ya ci gaba, har ya manta da mu. Can ya ɗago ya tambaye ni yadda shari'ar ta fara. Na ce farkonta yana tsakar gidanmu, a tambayi wanda ya ƙyasta ashana.

Ya dubi ƙanena ya ce, "Wannan Hausa ce, harshen da uwarka ta yi maka magana da shi. Abin da ba ka iya karantawa ba, tambaya ake yi." Ya miƙo mini littafin.

Ƙanena ya ba ni haƙuri a hanya, amma ya haɗa da cewa niyyarsa mai kyau ce, kuma ai tatsuniya ce kawai, zan iya sake rubutawa. Wannan "kawai" ɗin ta fi wutar ƙona mini rai. Na gwada. Sunayen garuruwan sun ɓace mini, abin da ya fito kuma ba shi da rai.

Na daina yi wa ƙanena magana. Da kwana uku suka cika na yi masa sallama, domin addini bai yarda in wuce haka ba. Har yau ina gaishe shi, ina amsa gaisuwarsa. Littafin da ya rage kuwa a shago yake kwana, cikin akwatin ƙarfe, makullin yana aljihuna.