Sunan da Inna Ba Ta Kira

Ni ce 'yar fari, don haka Inna ba ta taɓa kiran sunana ba. "Ke" take cewa. Da aka yaye ni, ɗakin kakata aka kai ni, can na tashi. Haka ake yi a garinmu, kunya ce.

Na girma da wuyar sha'ani. Wanda nake so kamar raina da safe, kafin la'asar na tsane shi don ya yi jinkirin amsa sallamata. An yi ruƙiyya, an sha rubutu, har ƙanena ya kai ni wurin wata likitar ƙwaƙwalwa a Kano. Ba allura, ba ƙwaya. Duk mako in hau bas daga Makoda, in zauna in yi ta magana tana saurare. Na gaji da hanyar, na gaji da jin muryata.

Ranar da likitar ta ce za ta tafi hutu, na zage ta tas. Ta bari na gama, sannan ta tambaye ni, "Wa ya fara tafiya ya bar ki?"

Na dawo gida na tarar da Inna tana ɓarar gyaɗa. Na ce, "Inna, ki kira sunana sau ɗaya."

Ta daɗe tana kallon ƙwaryar. Leɓenta ya motsa. Sai ta turo mini gyaɗar da ta ɓare, ta ce, "Ke, ci."