Sa Hannuna Biyu a Katin Jif ɗin Baba Gyang

Cikin duk ranakun da na yi a garejin gwamnati na Jos, akwai wata Laraba ta daminar 1978 da har yau ba ta bar raina ba. A lokacin ina makaniki mai daraja ta biyu, ina jiran jarrabawar da za ta kai ni daraja ta ɗaya. Shekaruna ashirin da takwas, kuma a ganina babu sauran abin da zan koya a kan ƙarfe. Daga Dilimi nake tako keke in zo aiki, hannuna ɗaya a aljihu, rabi don sanyi rabi don a ga na iya.

Bari in yi wa waɗanda ba su san tsarin ba bayani. Kowace motar gwamnati tana da kati. Idan direba ya kawo ƙorafi, foman, wato shugaban makanikai, zai rubuta a katin ya miƙa wa makaniki. Makaniki ya duba, ya rubuta abin da ya gani, ya sa hannu, foman ya sa nasa a ƙasa. Akwai kuma doka a rubuce a bakin ƙofa, cewa mota ba ta hawa kan ramin dubawa sai an sauke duk kayan da ke cikinta an wanke ta. An ce akwatin wani babba ne ya taɓa ɓacewa a cikin garejin tun kafin a ɗauke ni aiki. Ba a ga akwatin ba, amma dokar ta zauna daram.

Motar da nake magana a kai wata tsohuwar jif ce mai dogon baya, ta sashen lafiya, wadda ta kusa shekara goma sha biyar a kan hanya. Ita ke kai masu allurar rigakafi ƙauyukan da ke bayan duwatsu. Direbanta Baba Gyang ne, mutumin Daɗin Kowa, dattijo a cocinsu, saura masa shekara ɗaya da 'yan watanni ya yi ritaya. Mutum ne mai tsafta har ta yi masa yawa. Kamar sauran tsofaffin direbobin da suka koyi aiki a wuraren haƙar kuza, duk ranar da zai kawo mota gareji sai ya wanke ta tas, sannan ya samo baƙin mai da tsumma ya shafe sifirin ɗin baya, wato ƙarfen da ke ɗauke da nauyin mota a kan tayoyi, har yana sheƙi. A wurinsu wannan ita ce alamar direban da ya san darajar motarsa.

Sau biyu Baba Gyang ya kawo ƙorafi cewa motar tana jan baya gefe, kuma tana cinye tayar baya ta hagu. Sau biyun duka ni aka ba wa katin. Na shiga rami da fitila, na girgiza tayoyi, na duba shokozoba, mai rage girgizar mota, na ga ba ya yoyo, na kalli sifirin na gan shi baƙi wuluk, kyakkyawa. Na rubuta cewa mota lafiya lau take, na sa hannu. Sa hannuna a zamanin yana da wata doguwar jela da na yi wata biyu ina koya wa kaina.

Ana nan, wata rana suna gangarowa daga wani ƙauye bayan an ɗauke ruwa, sai bayan jif ɗin ya zame ta faɗa lambatu. Babu wanda ya ji rauni. Amma Sista, shugabar masu allurar, ta fasa tabarau, firjin allura kuma ya kife. Ta rubuta rahoto. Ofis ya duba kati ya ga makaniki ya ce mota lafiya har sau biyu. To idan mota lafiya take, sai a nemi ciwon a jikin direba. Ranar kuwa ta dace da kasuwar ƙauyen, kuma kowa ya san abin da ake sha a ranar kasuwa. Aka ba Baba Gyang takardar tuhuma cewa ya yi tuƙi da burukutu a cikinsa, aka karɓe makulli daga hannunsa, aka ce kwamiti zai zauna ranar Juma'a. Idan aka same shi da laifi kora ce, kuma wanda aka kora ba shi da fansho.

Gaskiya ni ma na yarda ya sha. Ya fi mini sauƙi in yarda da hakan.

Ranar Larabar da safe ina cikin rami ina aikin wata mota, sai na ga takalman Baba Gyang a bakin ramin. Ya tsuguna muka gaisa. Na zaci roƙo ya zo, har na shirya abin da zan ce.

"Haruna, ina so na tambaye ka wani abu," in ji shi. "Motan nan, ka taɓa ganin shi da kaya?"

Na ce, "Baba, ai ka san doka."

"Na san doka. Amma ni shekara talatin ina tuƙi, ban taɓa kai iska ƙauye ba. Mutum shida nake ɗauka, da firji, da jarka huɗu. Kai kana duba shi lokacin da yana hutawa."

Ya tashi ya tafi abinsa. Raina ya ɓaci ƙwarai, direba ya zo har bakin ramina yana koya mini aiki. Na ci gaba da kwance notin da nake kwancewa, sai da na ankara na ga ɗaure shi nake yi. Na ajiye sifana na fito.

Na sami foman ɗinmu, Oga Tanko, yana shan shayi. Babban mutum ne, a muƙami da kuma a jiki, kujerarsa ta ofis ma sai da aka ƙara mata ƙarfe. Na ce ina so in gwada jif ɗin da nauyi, ba a kan rami ba, a waje kan simintin da ake wankin mota. Ya ce kayan sashen lafiya an mayar da su sito. Na ce mutane ma nauyi ne. Ya ce zai zo da kansa don ya ga ƙarshen wannan shirmen.

Na kwara ruwa a kan simintin, na tuƙa motar ba kowa a ciki ta bi ta cikin ruwan ta fita kan busasshen wuri. Sawun taya layi biyu, na baya ya hau kan na gaba daidai. Oga Tanko ya ce, "To, shi ke nan?" Na ce saura. Na tara makanikai biyar da mai gadi, suka shiga baya suna dariya. Oga Tanko ya hau daga ƙarshe, ya zauna saitin tayar baya ta hagu, motar ta yi wani nishi. Na sake bi ta cikin ruwan. Da na sauko na duba, sai ga layi huɗu a ƙasa, sawun tayoyin baya ya kauce wa na gaba.

Na ce kada kowa ya motsa. Na ɗauko igiya na auna daga tsakiyar tayar gaba zuwa tsakiyar ta baya, dama da hagu. Hagu ya fi dama tsawo da kusan faɗin yatsu uku. Na kwanta na shiga ƙarƙashin motar da kananzir da tsumma, mutum bakwai suna zaune a kaina suna musu a kan ƙwallo.

Shi sifirin irin na waɗannan motocin fallayen ƙarfe ne a jere kan juna, kuma falle na sama shi ne ke riƙe da aksul, wato ƙarfen da ke haɗa tayoyin baya, a wurinsa. Idan falle ya tsage, yakan zubo da jan garin tsatsa, kuma da wannan garin makaniki ke gane shi. Baƙin man Baba Gyang ya shanye garin, ya cike tsagar. Da na wanke wurin da kananzir, sai ga falle na sama a karye dab da maɗaurinsa, bakin karayar a buɗe har tsinken ashana yana shiga. Falle na biyu ne kawai ke tallafe da motar. Na ce su sauko ɗaya bayan ɗaya. Kowa ya sauka sai bakin karayar ya ɗan matso. Da Oga Tanko ya sauka, karayar ta rufe ruf a gaban idona, kamar ba a taɓa yin ta ba. 

Da rana na ɗaga motar da jak, na tokare ta da katako, na kwance sifirin ɗin. Bushin ɗin da ke idonsa, wato robar da ke hana ƙarfe cin ƙarfe, ya cinye saura ɓawo. Na raba fallen gida biyu na duba fuskar karayar. Duk ta yi tsatsa ta yi duhu, sai ɗan gefe guda da ke ƙyalli. Kowane makaniki ya san ma'anar wannan. Karayar ta yi watanni, tana nan tun kafin sa hannuna na farko.

Oga Tanko ya kira ni ofis ya ce in rufe ƙofa. Ba mugun mutum ba ne, shi ne ma ya sa sunana a jerin masu jarrabawa.

"Kai Haruna, rubuta cewa a lambatu ya karye. Mota ta faɗi, sifirin ya karye. Wa zai yi musu?"

Na ce, "Oga, Baba fa?"

"Baba yana da Allah. Kai kana da jarrabawa wata mai zuwa, kuma sa hannunka biyu ne a katin nan. Nawa ma biyu ne."

Ba zan yi muku ƙarya ba, na daɗe riƙe da biro. Na rubuta kalmar karaya na tsaya. Ba jarumta ce ta motsa ni ba. Tunani na yi cewa Jos ƙaramin gari ne, zan riƙa haɗuwa da tsohon nan a kasuwa da bakin titi har ɗayanmu ya mutu, kuma kowace haɗuwa sai na gaishe shi. Na ga ba zan iya ba. Na rubuta cewa karaya ce tsohuwa, ba ta bayyana sai da nauyi, kuma binciken da aka yi sau biyu a baya bai gano ta ba. Na sa hannu na uku a ƙarƙashin biyun. Oga Tanko ya karanta, ya ce Allah ya ba ni lafiya, ya sa nasa.

Ranar Alhamis na yi gyaran. Ba a canza sifirin gefe ɗaya, don sabo da tsoho ba sa ɗaukar nauyi daidai, motar sai ta karkace. Na karɓo biyu daga sito, da sababbin bushin, na canza shokozoba na hagu da wahala ta riga ta kashe ko da yake ba ya yoyo. Notin bushin kuma ba a ɗaure shi tamau sai mota ta sauka kan tayoyinta da nauyi a ciki, in ba haka ba robar za ta murɗe ta yage cikin ɗan lokaci. Don haka na sake tara mutanena suka zauna na ɗaure. Oga Tanko ya aiko a ce yana da aiki, aka sa buhun siminti biyu a madadinsa. Muka bi ta ruwa, sawu ya fito layi biyu.

Ranar Juma'a na ajiye guntayen fallen a kan teburin kwamiti, bisa tsohuwar jarida. Sista ta ɗauka ta juya su da sabon tabaranta, ta tambaye ni ko ni ne na ce motar lafiya take. Na ce ni ne, ranki ya daɗe. Ta ce sau nawa. Na ce biyu. Aka wanke Baba Gyang aka mayar masa da makulli. Ni kuma aka ba ni takardar tuhuma, aka cire sunana daga jarrabawar shekarar. Oga Tanko ya yi mako biyu ba ya yi mini magana sai a rubuce.

Na zaci Baba zai zo da godiya. Ya zo ɗin, amma fuskarsa babu walwala.

"Haruna, ofis ya ce ba ni da laifi. Amma magana ya riga ya kai coci. Sati biyu ke nan ban zauna a bencin dattawa ba. Ka ba ni ƙarfen nan, kuma ka zo ka gaya musu da bakinka. Ni in na faɗa za su ce ina kare kaina."

Sai da na cike takarda kafin a bar ni in fita da karyayyen ƙarfe daga gareji. Ranar Lahadi na ɗaura shi a bayan keke na tafi Daɗin Kowa. Na jira a ƙarƙashin wata bishiya har aka tashi daga sujada. Dattawa bakwai da fasto suka kewaye ni, ni da hulata da carbina a aljihu, ina nuna musu bambancin tsohuwar tsatsa da sabon ƙarfe. Suka karɓa suna miƙa wa juna, kowa yana shafawa da yatsa. Wani tsoho da ya yi aikin kuza ya ce lallai wannan karayar ta daɗe. Fasto ya tambaye ni laifin wane ne ke nan. Na ce nawa ne. Matar Baba Gyang, wadda ke tsaye daga baya tun ɗazu, ta zauna a ƙasa ta rufe fuska da zanenta tana kuka. A nan na ji kunyar da ban ji a gaban kwamiti ba.

Na yi shekara ashirin da shida a garejin bayan wannan, har ni ma na zama foman. Ku da kuke aikin yanzu, ku duba mota a halin da take aiki, kuma idan direba ya ce tana da ciwo ku yarda da shi har sai kun gaji da nema. Ni da na rubuta lafiya lau, a zatona a kan mota nake rubutu. Minti biyu bai kai ba na gama, na tafi shan shayi. Tsoho da matarsa kuwa suka yi mako biyu suna shiga cocinsu da kai a sunkuye.