Ɗanyun Randunan Inna

Mijin Yayata mutum ne da ba ya iya ganin abu zaune lafiya ya ƙyale shi. Ya yi 'yan shekaru a Birnin Kebbi yana wani aiki da har yau ba wanda ya san kansa, sannan ya dawo mana Bagudo da falmaran mai aljihu barkatai, da 'yar lasifika rataye a wuya, da sana'ar da ya ce ita ce ta zamani, wai yawon buɗe ido na yini guda. Zai kwaso mutanen birni a bas, da safe ya kai su kogin Kwara su shiga kwalekwale su ga dorina, da rana su bi ta maƙera da masaƙa, da la'asar kuma a rufe da abin da yake kira babban kallo, wato gashin randunan surukarsa. Surukar nan tasa ita ce Inna, mahaifiyarmu.

Inna maginiya ce tun tana budurwa. Tana yin tukwane da tuluna kamar kowa, amma da manyan randuna aka san ta, irin waɗanda yaro zai iya ɓuya a ciki. Kowace shekara kafin ruwa ya sauka, wata tsohuwar ƙawarta cikin Dandawan tsallaken iyaka takan tattaro saƙon matan ƙauyensu na Benin, ta biyo ta Illo da amalanke ta kwashe. Ba ta taɓa zuwa ta koma hannu wofi ba, ba a kuma taɓa maido wa Inna randa an ce tana yoyo ba, kuma wannan shi ne abin alfaharin Inna a duniya. A shekarar da nake magana sanyin ƙashi ya riga ya kama mata yatsu. Da ƙyar ta gama ginin, ta jera su a ɗakin da rana ba ta shiga, ta ce mini waɗannan su ne na ƙarshe, in ta sallami ƙawarta da su ta huta.

Babbar randa ba ta son gaggawa. A inuwa take bushewa, a hankali, kuma in aka sa mata wuta da sauran danshi a jikinta fashewa take yi. Wannan ba wani asiri ba ne, duk macen da ta taɓa zama kusa da maginiya ta san haka. Inna kan ɗora bayan hannunta a cikin randa, in ta ji sanyi ta san da saura. A makon da mijin Yaya ya tsayar da Asabar ɗin baƙinsa, duk randunan sanyi ƙalau suke.

Wanda ba ɗan wajenmu ba zai ce, to ta ce masa a'a mana. Ai nan matsalar take. Yaya ce ɗiyar fari, Inna ko sunanta ba ta faɗa, balle ta zauna hira da ita. Mijinta kuwa suruki ne, ba ta kallon fuskarsa, ba ta cin abinci inda zai gani, in ta hango shi a hanya sai ta ratse. Ranar da ya zo da maganar ina tsakar gida. Ya tuɓe takalma tun daga zaure, ya durƙusa a bakin ƙofarta yana kallon bango, ita tana bayan labule. Ya gaishe ta da ladabi kamar mutumin kirki, ya zayyano yadda manyan mutane za su zo daga birni don ganin aikinta, ya ce ranar Asabar da la'asar ake so a sa wuta. Inna ta ce Allah ya kai mu. Shi ke nan, bawan Allah ya miƙe yana murna wai an amince masa.

Yana fita ta kira ni ciki.

"Tahi ki ce mishi ba su bushe ba," in ji ta.

Ni ce ƙarama, don haka ni ce 'yar aike, kuma ni kaɗai ce a gidanmu ke da bakin gaya masa magana kai tsaye, saboda ƙanwar mata abokiyar wasan miji ce. Tun ina yarinya nake ɓoye masa takalma, in zuba masa barkono a fura, in ce masa an sace babur ɗinsa alhali yana nan a jingine, shi kuma yana ce mini matarsa ƙarama. Al'ada ce ta ba mu wannan, kowa na yi. Sai dai ba wanda ya taɓa tunanin ranar da abokiyar wasa za ta zo da magana ta gaske.

Na same shi a ƙofar gidansa yana goge lasifikarsa da gefen riga. Na gaya masa saƙon Inna yadda ta faɗa. Ya ƙyalƙyale da dariya, ya ce to yau kuma da wannan aka zo. Na ce wallahi ba wasa nake ba. Ya ce ai ranar babur ma na rantse, wanda ƙarya ce, ban rantse ba. Na ɗaure fuska, ya ce kai, har na iya ɗaure fuska, lallai na ƙware. Duk yadda na ƙara zafi sai ya ƙara dariya, har da riƙe ciki, har maƙwabta suka fara taya shi. Na shiga wajen Yaya raina a ɓace, ita kuma ko ɗago kai ba ta yi daga tsintar shinkafa ba, ta ce da Inna ba ta so ai da ta faɗa. Ta san sarai Inna ba za ta iya faɗa ba, amma mijinta ya yi mata alkawarin duniya da wannan sana'a. Saura Baffa, ƙanen marigayi mahaifinmu, wanda maganarsa za ta iya shiga. Shi kuwa an riga an ba shi wata rigar hana nutsewa mai ruwan lemo an naɗa shi shugaban kwalekwale, tun ranar Laraba yake yawo da ita cikin gari. Ya ce mini harkar mata ce, kada in sa shi ciki.

Ranar Asabar na bi su, don ina ganin ko a hanya zan samu in shawo kansa. Bas ta iso da hantsi cike da ma'aikatan ofis da matansu, kowa da gilashin rana da gorar ruwa a hannu. Ba Turawa ba ne, Hausawa ne irinmu, waɗanda na tabbata kakanninsu daga randa suka sha ruwa, amma sai ka ji mace tana tambaya wai da gaske da hannu ake yi. Wani mai ƙaton ciki ya ce wa matarsa ta dubi yadda mutanen nan suke cikin kwanciyar hankali, ba su da wata damuwa. Ina tsaye kusa da shi ina ji.

A kan ruwa aka yi ta yawo ba dorina ba alamarta. Da mijin Yaya ya ga fuskoki sun fara canzawa, sai ya nuna wani baƙin abu can nesa, ya sa bakinsa a lasifika ya ce kowa ya yi shiru kada a tashe ta. Mutum da lasifika yana cewa a yi shiru! Wayoyi suka tashi sama. Kututture ne, Baffa ya san shi, don shekara da shekaru yana kauce masa da kwalekwalensa, amma ya sunkuyar da kai cikin rigarsa mai ruwan lemo. Wata belbela ta zo ta sauka a kai, mijin Yaya ya ce to kun gani, haka dorina take goyon tsuntsu. Suka ce ikon Allah. Na matsa kusa da shi na sake yi masa maganar randuna, na ce ko ƙananan tukwane a gasa, su sun bushe. Ya juya ya gabatar da ni ga baƙi a matsayin matarsa ƙarama mai kishin sana'arsa, aka yi ta dariya, wata har da dafa mini kafaɗa.

A maƙera ya riga ya sa maƙerin ya ɓoye injin wasa wuƙarsa a bayan zana, ya sa tsohuwar riga, don abin ya yi kama da na da. Masaƙin ma an hana shi kunna rediyonsa. Baƙi suka ɗauki hoto da guduma, suka ɗauki hoto da zare, ba wanda ya tsaya ya ga an gama ko lauje ɗaya.

Da muka isa filin gashi a bayan gari sai na tarar da randunan a jere cikin rana. Ashe tun da sassafe mijin Yaya da direban wata mota suka shiga ɗakin suka kwaso su, wai don a rage wa tsohuwa aiki. Inna ta fito da mayafi ja har kan hanci, saboda surukinta na wurin. Ta bi su ɗaya bayan ɗaya tana ɗora bayan hannu. Rana ta ɗumama bayansu, cikin kuwa yana nan yadda yake. Na raɗa mata cewa ta bari, ni zan tsaya gaban mutanen nan in faɗa, in ya so a ce ba ni da kunya.

"Mutum ya tara baƙi, in kunyata shi gabansu? Miƙo mini buntun nan."

Haka ta jera su da yatsun nan nata masu ciwo, ta rufe da kara da busasshen kashin shanu da buntun shinkafa, ta yi bisimilla ta sa wuta da hannunta. Ban taɓa jin haushin ladabi irin na ranar ba.

Wuta ba ta daɗe da kamawa ba ta farkon ta fashe, tau, kamar tayar mota. Baƙi suka zabura, wata ta yar da gorarta. Na ɗauka yanzu kam zai gane. Ina! Sai ya ɗaga lasifika ya ce kada kowa ya ji tsoro, wannan ƙarar ita ce alamar yumɓu ya nuna, haka aka gada tun kaka da kakanni. Suka tafa. Ta biyu ta fashe suka tafa, har suka shiga jiran ta gaba suna murmushi, wayoyi a sama. Inna tana tsaye gefe ta ba su baya. Ita ta jera su, don haka kowace ƙara ta san wace randa ce, da matar da aka yi wa ita. Gefen mayafinta kawai take murzawa. Kafin magariba suka hau bas saboda hanya, mai ƙaton cikin nan yana cewa wannan shi ne ya fi komai armashi a tafiyar.

Washegari muka tone tokar, ba randa ko ɗaya, sai tsingaro. Mijin Yaya ya aiko a tara masa su a buhu, wai zai riƙa ba baƙi na gaba tsaraba.

Ba a jima ba ƙawar Inna ta iso da amalankenta, an shimfiɗa ciyawa a ciki yadda aka saba don kada kaya su bugu. Ta ga buhun tsingaro a zaure, ta dubi Inna, ba ta tambayi komai ba. Suka gaisa da Dandanci. Can Inna ta tashi ta shiga ɗakinta, ta sa ni na kwashe ruwan randarmu ta gida, wadda ta gina tun kafin a haife ni, wadda duk muka girma muna sha daga cikinta. Ƙawar ta ƙi, Inna ta ce ba ta taɓa komawa hannu wofi ba, ba kuwa za ta fara bana ba, sauran matan a ba su haƙuri. Randa guda ta tafi cikin amalanken da aka yi wa shimfiɗar randuna da yawa. A ɗakin Inna sai gurbinta ya rage a kan jiƙaƙƙen yashi. Bayan nan ruwa ya sauka, ramin yumɓu ya cika, yatsun kuma ba su sake yarda ba.

Da labari ya kai wa mijin Yaya cewa surukarsa ba ta da abin zuba ruwa, sai ga shi ya aiko da ƙaton duro na roba, shuɗi, sabo fil, don a san shi mai kula ne. Aka ajiye a gurbin randar. Na ce wa Inna bari in nemo mata randa wajen wata maginiya, ta ce kyautar suruki ba a ture ta gefe, kuma in je in ce masa ta gode, Allah ya yi albarka.

Na je. Na faɗi godiyar yadda aka aiko ni, sannan na faɗi tawa. Na ce masa ya kashe wa tsohuwa aikinta na ƙarshe, ya sa ta ji kunyar da ba ta taɓa ji ba a gaban ƙawarta, ya kuma sa an yi mata tafi a kai. Ina faɗa ina kuka, hawaye shaɓe-shaɓe. Ya dube ni, ya leƙa ɗaki ya kira Yaya yana dariya.

"Zo ki ga ƙanwar nan taki, yau har da hawaye. Ita dai ba ta gajiya da wasa."

Duron yana nan har yanzu a ɗakin Inna. Da rana ta ɗaga sai ruwan cikinsa ya yi ɗumi, yana warin roba, kuma shi take sha.